Gyambon ciki a sashen kulawa ta musamman: nazarin jinyar wani ɗan acaɓa a Zariya

Buguwar kai ce ta kawo wannan matashi asibiti, amma abin da ya kusa tafiya da shi a makon farko jini ne da ya ɓalle masa a ciki. Jini ne irin wanda likitoci suka daɗe da sanin yana zuwar wa mai matsananciyar jinya, sun kuma san maganin da ke rage aukuwarsa. An sakaya sunansa da sunayen asibitocin da ya kwanta. Ƙirgen ranaku ya fara daga ranar da ya shiga sashen kulawa ta musamman.

Kafin a kawo shi

Shekarunsa kimanin 30, yana zaune a wani ƙauye da ke kan hanyar Zariya zuwa Funtuwa, kullum yana shigowa gari neman fasinja tsakanin Samaru, Kwangila da Sabon Gari. Yana da mata da 'ya'ya biyu. Ba ya shan taba, bai taɓa kwanciya a asibiti ba, ba a kuma taɓa ce masa yana da olsa ba. A cikin watan Janairu, da magariba, hazo ya rufe hanya, wata mota ta kwashe shi ta baya. Babu hular kwano a kansa.

Waɗanda ke wurin suka kai shi wani ƙaramin asibitin kuɗi mafi kusa, ya kwana a can. Takardar da aka haɗo shi da ita ta nuna an ƙara masa ruwa, an ɗinke tsagar goshinsa, an yi masa allurar daikulofenak sau biyu saboda ciwo, da allurar deksametason da nufin rage kumburin ƙwaƙwalwa. Da gari ya waye bai farfaɗo ba, aka turo shi babban asibiti.

Daikulofenak yana hana jiki sarrafa sinadarin da ke sa bangon tumbi ya kare kansa. Idan aka haɗa shi da magani irin deksametason, haɗarin zubar jini a ciki yakan ƙaru. Tun a 2004 kuma binciken CRASH, wanda aka yi a kan mutum sama da 10,000 masu buguwar kai, ya nuna magungunan wannan dangi ba sa taimakonsu: kashi 21 cikin 100 na waɗanda aka ba sun rasu cikin mako biyu, a kan kashi 18 na waɗanda ba a ba ba. Daga baya wansa ya ƙara da wani bayani, cewa kusan kowane dare ƙanen nasa yakan biya kemis ya karɓi haɗin maganin gajiya kafin ya wuce gida. Irin wannan haɗi da wuya a rasa daikulofenak ko wani ɗan'uwansa a ciki.

Rana ta 1: shiga sashen

Ya iso da misalin ƙarfe 11 na safe. A ma'aunin Gilasgo na zurfin suma, wanda ya fara daga 3 ya tsaya a 15, ya samu 7. Awon jininsa 90/60, bugun zuciya 118 a minti, PCV, wato ma'aunin yawan jini, kashi 34 cikin 100, ƙwayoyin da ke daskarar da jini 180,000. Cinyar dama ta karye ta kumbura, alamar jini ya taru a ciki. Hoton CT ya nuna ƙwaƙwalwa ta bugu ta kumbura, amma babu tarin jinin da ke buƙatar tiyata. Aka zura masa bututu a maƙogwaro aka haɗa shi da injin numfashi, aka sa masa robar hanci zuwa tumbi, aka ɗaure ƙafar da nauyi.

An rubuta masa ƙarin ruwa, da manitol na rage kumburin ƙwaƙwalwa bayan awon jini ya daidaita, da fenitoyin don hana jijjiga, da seftirayazon na kashe ƙwayoyin cuta, da farasitamol ta jijiya, da omefirazol, maganin olsa mai rage asid, miligiram 40 ta jijiya sau ɗaya a rana. An soke daikulofenak da deksametason. Allurar omefirazol ta farko daga kabad ɗin gaggawa na sashen aka ɗauko ta, aka yi masa da ƙarfe 2 na rana.

Dalilin rubuta maganin olsa wa wanda ba shi da olsa yana cikin yadda tumbi ke kare kansa. Ruwan tumbi asid ne mai ƙarfi, wanda zai ci naman tumbin kansa in ba don kariya ba. Bangon yana fitar da yauƙi mai kauri da ke lulluɓe shi, a ƙarƙashin yauƙin kuma yana zuba baikabonet mai kashe kaifin asid, kamar yadda kanwa ke kashe tsamin yakuwa a miya. Duk wannan aiki ya dogara ne ga jinin da ke gudana a bangon. Idan mutum ya zubar da jini ko awon jininsa ya faɗi, jiki yakan janye jini daga ciki da hanji ya tura wa zuciya da ƙwaƙwalwa. Sai yauƙin ya ragu, baikabonet ya yi ƙasa, asid ya samu hanya. Injin numfashi ma yana ƙara rage jinin da ke isa ciki. Bincike da na'urar leƙa ciki ya nuna mafi yawan masu irin wannan jinya suna samun 'yan ƙujewa a bangon tumbi cikin kwana ɗaya zuwa biyu, sai dai kaɗan ne daga cikinsu ke kaiwa ga zubar jini mai haɗari. Mai buguwar kai yana da ƙarin matsala: matsin da ke cikin ƙoƙon kai yana zaburar da jijiyar da ta sauko daga ƙwaƙwalwa zuwa tumbi, asid ya ƙaru. Harvey Cushing, likitan tiyatar ƙwaƙwalwa na Amurka, ya bayyana wannan gyambo a 1932. Kafinsa, a 1842, Thomas Curling ya ga makamancinsa a Landan a jikin waɗanda suka ƙone.

Binciken da Deborah Cook da abokan aikinta suka yi a Kanada a 1994 ne ya fayyace waɗanda suka fi zama cikin haɗari. Cikin majiyyata 2,252, kashi 1.5 cikin 100 ne suka yi zubar jini mai haɗari. Abu biyu suka fito fili: zama a kan injin numfashi sama da awa 48, da matsalar daskarewar jini. Masu ɗaya daga ciki, kashi 3.7 ne suka zubar. Waɗanda ba su da ko ɗaya, kashi 0.1 kacal. Wannan matashi yana kan inji, awon jininsa ya faɗi, ga buguwar kai, ga magungunan da aka riga aka yi masa.

Rana ta 2 zuwa ta 4: an rubuta, ba a yi ba

A yawancin asibitocinmu dangi ne ke sayo magani, nas ta rubuta takarda ta miƙa wa mai jinya a bakin ƙofa. Wan majiyyacin, manomi ne, shi ke riƙe da kuɗin. Ya riga ya biya kuɗin hoto da na gado, ya sayar da buhunan masarar da ya ajiye wa damina. A rana ta 2, da aka buga masa jimilla a tagar sayar da magani, kuɗinsa bai kai ba. Ya tambayi amfanin kowane magani, aka ce wannan na ƙwayoyin cuta ne, wannan na ƙwaƙwalwa, wannan na olsa. Ya sayi sauran ya bar na olsa. Haka ya yi a rana ta 3.

A takardar ba da magani, nas ɗin da ke aiki ta sa alamar da ke nufin babu maganin a hannu, ta kuma tuna wa wan, ya ce in sha Allahu gobe. A fayil ɗin da likitoci ke dubawa lokacin zagaye kuwa, omefirazol yana nan a rubuce. Ƙarfin allura ɗaya yakan wuce awa 24, domin maganin yana kashe famfon da ke fitar da asid a bangon tumbi ne gaba ɗaya sai jiki ya ƙera sabo, amma zuwa rana ta 3 tumbi ya ci gaba da aikinsa.

Abinci ma ba a fara ba. Robar hanci na buɗe tana tsiyayar da ruwa kore-kore, kimanin mililita 400 a rana ta 2 da 350 a rana ta 3. Aka tsaya a kan a jira cikin ya motsa tukuna. Ƙa'idojin ciyar da masu matsananciyar jinya sun fi son a fara abinci ta roba cikin awa 24 zuwa 48, ko da kaɗan ne, muddin awon jini ya daidaita. Nasa ya tsaya a 110/70 tun daren rana ta 1.

A rana ta 4 masanin magunguna na sashen ya haɗa fayil da takardar ba da magani, ya ga giɓin. Aka kira wan.

"Malam, me ya hana a sayo wannan?"

"Ranka ya daɗe, kuɗin ne bai kai ba. Da na tambaya aka ce na olsa ne, shi kuwa tun yana yaro ban taɓa jin ya ce cikinsa na ciwo ba. Sai na ce bari in fara da na kan, tunda kan ne ya kawo mu."

Aka yi masa bayani, ya gane, amma aljihun bai sauya ba. Sai aka shiga neman abin da ya fi sauƙi. Ranitidin, wadda shekaru da dama ita ce maganin wannan aiki, ta bar kasuwa a ƙasashe da yawa tun da hukumar magunguna ta Amurka ta nemi a janye ta a watan Afrilun 2020 saboda gurɓataccen sinadarin da aka gano a cikinta. Simetidin na samuwa da araha, amma tana hana hanta narkar da fenitoyin, sai fenitoyin ɗin ya taru a jini. Dangin ranitidin da simetidin kuma ƙarfinsu yakan ragu bayan 'yan kwanaki. Wan ya tambaya ko farin maganin olsa na ruwa zai yi, aka ce masa sai dai a riƙa ɗura shi duk bayan awa ɗaya ko biyu dare da rana, a cikin da ruwa ma ba ya wucewa. Aka tsayar da shawara a kan kafson omefirazol, miligiram 40 a rana ta robar hanci, tunda kuɗin kwalbar allura ɗaya ya ninka na kafso sau da yawa.

Rana ta 4 zuwa ta 6: kafso ta robar hanci

Idan aka buɗe kafson omefirazol, 'yan ƙananan ƙwayoyi ne farare a ciki. Kowace ƙwaya tana da rufi da asid ba ya narkarwa, domin shi maganin asid na lalata shi. An tsara shi ne ya ratsa tumbi a rufe, ya narke a ƙaramin hanji, ya shiga jini, sannan ya dawo ta jini ya toshe famfon asid a bangon tumbi.

A rana ta 4 aka zuba ƙwayoyin a ruwa aka tura da sirinji. Suka cunkushe a robar, ta toshe, sai da aka zare aka sa sabuwa. Don kada a sake, a rana ta 5 da ta 6 aka daka ƙwayoyin a ɗan turmin magani suka zama gari, aka dama da ruwa aka tura. Robar ba ta sake toshewa ba, takardar ba da magani ta nuna an bayar. Amma daka ya fasa rufin, maganin ya faɗa cikin asid tsirara. Bayan haka ana sake buɗe robar ta ci gaba da tsiyaya bayan ɗan lokaci, wani ɓangare na abin da aka tura ya dawo cikin leda. Hanyar da aka sani ta ba da shi ta roba ita ce a narkar da ƙwayoyin a ruwan baikabonet mai ƙarfin kashi 8.4 cikin 100, wanda ke kare maganin daga asid, ko da shi ma yana buƙatar cikin da ke wucar da abu zuwa hanji.

PCV a rana ta 5 kashi 31 ne. Ma'aunin Gilasgo ya hau zuwa 8. Har yanzu ba a fara abinci ba.

Daren rana ta 6 da rana ta 7: jini ya ɓalle

Da misalin ƙarfe 10 na daren rana ta 6, nas ta lura ruwan da ke cikin ledar robar hanci ya sauya daga kore zuwa mai duhu, da baƙin gari-gari kwance a ƙasa. Jini ne da asid ya riga ya taɓa. Awon jini 105/65, bugun zuciya 104. Aka ɗebi jini domin gwaji, aka nemi a sayo allurar omefirazol da safe.

Da asubar rana ta 7 jan jini ya biyo robar, kimanin mililita 300 cikin awa ɗaya. Da aka zo juya shi aka tarar ya yi baƙin bayan gida mai danƙo da wari. Awon jini ya faɗi zuwa 85/50, bugun zuciya 132, PCV kashi 22. A ma'aunin masu bincike, zubar jini ya zama mai haɗari idan awon jini na sama ya faɗi da 20 ko fiye, ko jini ya ragu har sai an ƙara leda biyu. Ya cika duka. Ga mai buguwar kai kuma, faɗuwar awon jini ƙasa da 90 ko sau ɗaya ne tana ƙara wa ƙwaƙwalwa rauni.

Aka sa masa manyan allurai biyu a jijiya aka buɗe ruwa. Aka yi masa omefirazol miligiram 80 ta jijiya nan take daga kabad ɗin gaggawa, aka ci gaba da miligiram 40 duk awa 12, saboda na'urorin ɗiga magani a hankali duk suna kan wasu majiyyatan. Ma'ajiyar jini ta ba da leda ɗaya a kan sharaɗin a mayar. Wan ya kira shugaban 'yan acaɓan tasharsu, kafin azahar mutum shida sun zo, huɗu suka dace suka ba da jini. An ƙara masa leda biyu a ranar, ta uku washegari. Ƙwayoyin daskarar da jini 150,000, gwajin daskarewa daidai.

Abu biyu aka kawo shawararsu aka bari. Na farko wanke ciki da ruwan sanyi, tsohuwar al'ada da ba ta tsayar da jini. Na biyu allurar taranekzamik, wadda ke da amfani a zubar jinin haihuwa da na rauni. Binciken HALT-IT na 2020, mai majiyyata kimanin 12,000 daga ƙasashe 15 har da Najeriya, ya nuna ba ta rage mutuwa a zubar jinin ciki ba, sai ma ƙarin daskarewar jini a jijiyoyi da jijjiga. An tsayar da fenitoyin a wannan rana, da cikar kwana bakwai ba tare da jijjiga ba.

Zuwa dare ruwan robar ya koma mai duhu, awon jini 110/70.

Rana ta 8: leƙa ciki

Aka kawo na'urar leƙa ciki gefen gadonsa. A saman tumbi da tsakiyarsa akwai ƙujewa marasa zurfi da yawa, wasu da ɗigon tsohon jini a kai. A farkon ƙaramin hanji akwai gyambo guda mai ɗan zurfi, faɗinsa kimanin santimita ɗaya, gindinsa a share, babu jijiyar da ke tsartuwa. Ba a buƙaci ƙonawa ko ɗaurewa ba. Ba a yi gwajin ƙwayar cutar Helikobakta, mai jawo olsa, ba a lokacin, domin jini da omefirazol suna sa gwajin ya nuna babu alhali akwai. PCV bayan leda ta uku kashi 29.

Rana ta 9 zuwa ta 20: abinci, nimoniya, sauka daga inji

A rana ta 9 aka fara abinci. Ba a iya sayen na gwangwani ba, don haka sashen abinci na asibitin ya haɗa kunun da aka tace sosai, da madara da garin waken soya da ƙwai da ɗan mai. Aka fara da mililita 50 duk awa uku, an ɗaga kan gado digiri 30, ana ba shi metokulofiramid don cikin ya motsa. A ranar farko wani ɓangare ya riƙa dawowa, ba a tsaya ba. Zuwa rana ta 12 yana karɓar mililita 250 duk awa uku. Abinci yana rage kaifin asid, yana kuma jawo jini zuwa bangon tumbi, wanda shi ne tushen matsalar. Daga rana ta 10 aka mayar da omefirazol miligiram 40 sau ɗaya a rana ta jijiya. A wannan karon 'yan ƙungiyarsa ne suka yi karo-karo, aka sayi na mako guda aka ajiye a hannun nas.

A rana ta 11 zazzaɓi ya kai digiri 39, majinar bututu ta yi kauri ta yi rawaya, hoton ƙirji ya nuna nimoniya a ƙasan huhun dama. Aka yi muhawara ko rage asid ne ya jawo, tunda asid na kashe ƙwayoyin cuta, idan ya ragu sukan yaɗu a tumbi su iya haurowa zuwa huhu. Tsoro ne mai tushe, amma manyan binciken da aka kwatanta maganin da allurar da ba komai a cikinta ba su ga ƙarin nimoniya a fili ba, ga shi kuma mutum ne da ya kwana 11 a kan inji. Ba a tsayar da omefirazol ba. Aka sauya maganin ƙwayoyin cuta bisa sakamakon gwajin majina, zazzaɓin ya sauka a rana ta 14.

An huda masa maƙogwaro a rana ta 12 domin mayar da bututun numfashi ta wurin. Ya fara buɗe ido idan an kira sunansa a rana ta 15, ya sauka daga inji a rana ta 17, aka mayar da shi ɗakin jinya a rana ta 20. Jini bai sake zuba ba. PCV kashi 31.

Sallama da bibiya

An yi masa aikin cinya a rana ta 24, da farasitamol da taramadol a matsayin maganin ciwo, an rubuta da jan biro a bangon fayil cewa kada a ba shi daikulofenak da danginsa. An sallame shi a rana ta 35 yana tafiya da sanda, maganarsa a hankali, yana yawan mantuwa. An ba shi kafson omefirazol miligiram 20 kullum kafin karin kumallo, zuwa cikar mako takwas daga ranar da aka leƙa cikin, aka rubuta ranar dainawa a katinsa.

Bai dawo ba sai bayan wata huɗu, kuma har lokacin yana sha. Mahaifiyarsa ce ke aikawa kemis duk sanda ya ƙare.

"Likita, ɗan nan, ni fa an ce rashin wannan maganin ne ya sa ya yi aman jini. Ina zan yarda ya yanke?"

"Inna, wancan lokacin yana kan inji ne, ba ya cin abinci. Yanzu gyambon ya warke, tuwo yake ci. Idan ya daɗe a kansa ba dalili, yana iya jawo masa gudawa da ƙarancin wasu sinadarai a jiki."

Aka rage zuwa kwana ɗaya a sha kwana ɗaya a bari na mako biyu, sannan aka daina, aka gargaɗe su cewa zai iya jin ƙwannafi na 'yan kwanaki saboda asid yakan yunƙuro bayan an daɗe ana danne shi. Mako biyu bayan dainawa aka gwada bayan gidansa, aka samu Helikobakta, wadda ta yawaita ƙwarai a arewacin Najeriya. Ya sha haɗin magani na kwana 14, gwajin da aka maimaita bayan wata guda ya nuna ta tafi. Bai koma acaɓa ba, yana taya wansa sayar da hatsi.

Abin da lamarin ya nuna

Shawarar rana ta 1 daidai ce, kuma hujjarta ta ƙara ƙarfi a 'yan shekarun nan. A binciken SUP-ICU na 2018, wanda Danmak ta jagoranta a kan majiyyata kusan 3,300, fantofirazol, ɗan'uwan omefirazol, ya rage zubar jini mai haɗari daga kashi 4.2 zuwa 2.5. A binciken REVISE na 2024, mai majiyyata 4,821 da ke kan injin numfashi, ya rage shi daga kashi 3.5 zuwa 1.0. A duka biyun yawan mace-mace cikin kwana 90 bai bambanta sosai ba. Wato ba a ga maganin ya rage mace-mace a fili ba, amma yana hana jini, kuma a wurin da ledar jini sai an tara mutane, na'urar leƙa ciki sai an jira, hana jinin ya fi daraja a nan fiye da a ƙasashen da aka yi binciken.

A ganina abin da ya kasa shi ne isar maganin jikin majiyyaci. Daga rana ta 2 zuwa ta 6, kwana biyar, fayil yana nuna yana da kariya alhali kusan babu. Kwana biyu ba a saya ba, ranar da aka tura ƙwayoyin sun maƙale a roba, kwana biyu kuma an daka. Ban ga laifin wan ba ko kaɗan. Mutumin da kuɗinsa bai kai ba dole ya zaɓa, ya kuma zaɓa da hankali bisa bayanin da aka ba shi. Da an ce masa wannan allura ce ta hana ƙanenka zubar da jini a ciki saboda yana kan inji, da wuya ya bar ta. Kiran ta maganin olsa ya sa ta zama abin da za a iya jira. Nas ɗin da ta daka ƙwayoyin ma matsala ta gani ta warware da abin da ke hannunta, babu wanda ya rubuta mata yadda za a ba da shi.

Jinkirin abinci na kwana takwas shi ne abu na biyu, kuma na fi jin zafinsa saboda kunu ba shi da tsadar allura. Helikobakta da haɗin kemis sun raunana bangon tun da farko, amma ya shekara da su bai zubar da jini ba sai a makon da jini ya janye daga cikinsa, asid ya ƙaru, tumbi ya zauna fayau. Abin da ya yi aiki daga baya shi ne haɗuwar abu uku a lokaci guda: an mayar da jinin da ya zuba awon jini ya tsaya, an ba da maganin ta hanyar da tabbas zai isa, an kuma fara abinci.

Bayan wannan jinya sashen ya sauya wasu abubuwa. Ana ajiye allurar omefirazol ta kwana uku ga duk wanda aka ɗora a kan inji, dangi su mayar daga baya. A takardar da ake miƙa wa mai jinya ana sa alama a kan magungunan da ba a tsallakewa, a kuma yi masa bayani da Hausa. Lokacin zagaye ana karanta takardar ba da magani tare da fayil. An liƙa sanarwa a kan turmin magani cewa ba a daka ƙwayoyin omefirazol.

Akwai kuma ɗaya gefen da ya kamata a tsare, domin bayan irin wannan lamari hannu yakan saki a riƙa rubuta wa kowa. Majiyyacin da ba ya kan inji, jininsa na daskarewa daidai, awon jininsa a tsaye, hantarsa lafiya, yana kuma cin abinci, haɗarinsa ya yi ƙanƙantar da bai kai a ɗora wa danginsa kuɗin allura ba, balle a sallame shi da kafson da zai yi watanni yana saye a kemis. A sashen yanzu, ranar da mutum ya sauka daga inji ya fara ci da bakinsa ake soke omefirazol, kafin a tura shi ɗakin jinya. Wanda ya riga ya zubar da jini ne kawai ke fita da shi, kuma ana faɗa wa wanda zai riƙa sayo masa ranar dainawa, baki da baki, ban da rubutun da ke kan kati.